Laba Saba'in

Ranar da Arlen Dombek ya je shagon Duane sayen kan kibiya, da gangan ya bar bakansa a gida. Duk wanda ya san Arlen ya san wannan ba halinsa ba ne. Shekara arba'in da 'yan kai, da zarar ganye ya fara ja a wannan yanki namu na Wisconsin, bakan nan yana kujerar gaban a-kori-kurarsa kamar matar aure. To amma a bayan kantar Duane akwai wani sikeli a rataye, wanda ake maƙala masa tsirkiya a ja a ga nauyin baka, shi kuwa Duane ƙaiƙayin hannu gare shi, ba a ajiye baka a gabansa bai auna ba.

Tun watan Yuni kafaɗar Arlen ta dama ta fara yi masa tawaye. Bakansa nauyin jansa laba saba'in ne, kowa a gari ya sani, don shi da bakinsa ya bi ya faɗa wa kowa. Wata safiya a cikin sito ya ja tsirkiya, ta zo rabi ta tsaya cak, wani zafi ya tsarga masa har cikin haƙori. Sai ya tura ƙofa ya rufe, ya ɗauko sifana. Irin bakan zamanin nan ne mai taya sama da ƙasa, da noti biyu da ake ɗaurewa ko a sassauta. Ya sassauta, ya gwada, ya ƙara sassautawa, har ya kai inda kafaɗar ta yarda. Da ya auna da sikelin da yake auna nama, allura ta tsaya a kan arba'in da huɗu. Ya daɗe yana kallonta, sannan ya jefa sikelin cikin akwatin tarkace, bai sake ɗauko shi ba.

Matsala ba ta tsaya nan ba. Bakan da aka sassauta haka ba a daidaita shi ba, kibiya ba ta fita a miƙe. Tsofaffin kawunan kibiyoyinsa kafaffu ne, wuƙaƙensu a waje, iska na kama su, sai suka fara yawo: wannan ta yi hagu, waccan ta yi ƙasa. Gyaran ba wani abu ba ne, aikin rabin awa ne a wurin Duane. Amma wurin Duane akwai sikeli.

Me ya sa mutum mai shekara sittin da tara zai riƙa ɓoye kafaɗa kamar wanda ya saci akuya? Saboda wata ƙusa ce da ke jikin ginshiƙin sitonsa. Shekara talatin da biyu da suka wuce, mahaifinsa Casimir ya harbi wata barewa a ƙugu ta gudu da kibiya. Tsohon ya dawo gida ya ce, "Hannuna ne ya yi rawa." Kwana biyu Arlen yana bin jini kafin ya same ta kwance da ranta, ya ƙarasa ta. Da ya dawo ko takalmi bai cire ba, ya zare bakan tsohon daga bango, ya kai sito, ya buga ƙusa ya rataye shi, ya ce a gidan nan duk wanda ya raunata dabba ya bar ta tana wahala a daji, farautarsa ta ƙare. Casimir bai ƙara taɓa baka ba. Ya ƙara shekara goma sha ɗaya a duniya, kowace kaka yana zaune bakin taga yana kallon bayan gonar masara. Arlen kuwa ya mai da labarin abin ado, ya ba da shi a shagon Duane ya fi sau ɗari. Doka ce da ya kafa da hannunsa, kuma ya san ranar da kibiyarsa ta yi rauni ba ta kashe ba, shi ma ƙusa ke jiransa.

"A'a! Yau wace rana?" in ji Duane da ya gan shi hannu rabbana. "Ina amaryar taka? Ko ta yi yaji ne?"

"Tana gida tana hutawa. Ai ita tana da gidan zama, ba kamar wasu ba."

Da Norbert Pilch yake. Tsohon direban motar madara ne, tun da ya yi ritaya ya kafa gindi a kan kujerar da ke kusa da butar kofi, bai taɓa sayen ko zare a shagon ba.

"Ni dai kofi nake sha, ban taɓa kowa ba," in ji Norbert.

Arlen ya jingina da kanta, ya yi gyaran murya. "Duane, ɗauko mini kawunan nan masu buɗewa in gani."

Norbert ya ƙware, kofi ya zubo masa a gemu. "Me kunnena ya ji? Lema? Arlen Dombek zai sayi lema? Kai, Duane, rubuta kwanan wata! Ba kai ne ka ce mai harbi da lema ya je ya tare ruwan sama ba?"

Shi ne kuwa ya faɗa. Shi ya raɗa musu sunan ma, don wuƙaƙensu a naɗe suke a jikin kai, wani ɗan zoben roba na riƙe da su, sai sun daki nama su baje. Shekara ashirin yana zaginsu. Amma da yake a naɗe suke tafiya iska ba ta kama su, ko baka bai daidaita ba suna zuwa inda aka aike su, kuma abin da ya kawo shi ke nan.

"Gani na ce zan yi, ban ce aure ba," in ji Arlen.

Duane ya jera masa abu uku a kan kanta. Ya taɓa na farko. "Wannan in ta buɗe, inci biyu da kwata. Ramin da take yi, makaho ma zai bi jinin. Amma ka san buɗewar nan ba kyauta ba ce, daga ƙarfin kibiya take ci. Ƙasa da laba sittin ba na sayar wa mutum ita." Ya taɓa na biyu, wani kwali mai ruwan hoda da hoton wata yarinya tana murmushi. "Wannan ƙaramar, inci ɗaya da rabi, don baka mara nauyi aka yi ta. In kuma mutum ya yi ƙasa da hamsin, ni ko ita ba na so. Ga kafaffe mai baki biyu nan, a kawo mini bakan in daidaita, ya shiga ta nan ya fita ta can." Ya ɗauki tsumma yana goge kanta, ko kallon Arlen bai yi ba, ya yi tambayar da yake yi wa kowa. "Nawa kake ja yanzu?"

"Ba shi ta 'yan matan mana," in ji Norbert. "Ka ga kalar za ta hau da furfurarsa."

Arlen ya ji kunnuwansa sun yi zafi. Kafaffen nan mai baki biyu yana gabansa, tazarar yatsa uku da hannunsa. Kalma uku ce kawai ta raba su: arba'in da huɗu.

"Saba'in," ya ce.

"Har yanzu?"

"Har gobe."

Duane ya yi fito. "Tabɗi! Ni da nake ɗan hamsin da biyar na sauko sittin. Kai dai ba mutum ba ne, tsoho." Ya jefa babbar cikin leda, dala arba'in da biyar kai uku, da wani na huɗu na gwaji wanda ba ya buɗewa.

A cikin mota Arlen ya zauna ya fi minti goma bai ta da inji ba. Ya ce a ransa in Norbert ya tafi zai koma ya musanya. Ina Norbert zai tafi? Mutumin da sai an kashe fitila yake tashi. Ya ce to gobe. Gobe ta zo, ya gwada kan gwajin a bayan sito, ya harba sau uku, ramukan suka haɗu a wuri ɗaya har suna taɓa juna, kuma kibiyar ta shiga da kyau. Dole ta shiga mana, tunda kan gwaji ba ya buɗewa! Ya san haka sarai. Amma rabon da ya ga kibiyoyinsa sun haɗa kai tun Yuni, daɗi ya rufe shi, ya bar maganar musanya.

Ranar shida ga Nuwamba, gari na wayewa yana zaune a kujerarsa ta ƙarfe a kan bishiya, bayan gonar masara. Sanyi ya sa ganyen ƙasa ya yi tauri, ana jin tafiyar kurege daga nesa. Wajen bakwai da rabi ya ji taku mai nauyi. Kishimin nan ne mai tsagaggen kunne, namijin barewar da ya shekara uku yana gani yana ƙyalewa don ya ƙara girma. Ya zo wuya a kumbure, hanci a ƙasa, ya tsaya a yadi goma sha takwas ya ba shi gefe. Harbin da Arlen ya yi irinsa ya fi sau talatin.

Ya ja. Ko arba'in da huɗun ma sai da ya cije leɓe. Ya auna bayan kafaɗar kishimin ya saki, kibiya kuwa ta tafi daidai inda ya aike ta. Amma ƙarar ba ita ba ce. Maharbi ya san ƙarar kibiyar da ta ratsa, wani ɗan ɓus ne mai laushi. Wannan ƙwas ta yi, kamar an jefi ƙyaure da dutse. Kishimin ya zabura ya yanki daji, kibiya na reto a haƙarƙarinsa, kusan dukkanta a waje, gashin gindinta ruwan ɗorawa yana ta rawa tsakanin itatuwa har ya ɓace.

Arlen ya zauna a kan bishiyar awa uku. Haka ake yi, ba a bin dabba da zafinta don kada a kore ta. Amma shi ba don haka kaɗai ya zauna ba. Tsoro yake ji, irin wanda bai ji ba tun ranar da likita ya kira shi gefe a kan maganar marigayiya matarsa. Sha ɗaya saura ya sauko ya kira 'yarsa.

Corinne shekararta arba'in da ɗaya, a asibitin dabbobi take aiki, kuma tana da wata karya gajera mai dogayen kunnuwa, Tansy, wadda ta koya wa bin jini. In kaka ta yi wayarta ba ta hutawa, duk wanda ya ɓatar da dabba a ƙauyukan nan ita yake kira. Mutum ɗaya ne bai taɓa kiranta ba.

"Baba? Kai ne da kanka?" ta ce tana fitowa daga mota. "Yau sai ruwa da ƙanƙara." Ta ga fuskarsa, ta daina dariya. "Ina ka same shi?"

"Bayan kafaɗa. Daidai."

"Ta fita?"

Ya girgiza kai.

Ta ɗaura wa Tansy doguwar igiya suka shiga. Jini da farko kamar an watsa da bokiti, har Corinne ta ce, "Haba Baba, wannan ai yana bayan kurmin can a kwance." Arlen dai ya bi bayan karyar. Yadi ɗari biyu, jinin ya koma ɗigo. A gindin wani itace suka tsinci kibiyar a karye. Corinne ta ɗauka, ta miƙa hannu ta zaro wata daga kwarinsa don ta gwada tsawo, sai ta tsaya tana kallon kan.

"Lema? Yaushe ka fara?"

"Bana."

Ta jera su biyun. Abin da ya ɓace daga karyayyar bai wuce inci huɗu ba. Ta durƙusa ta duba wani ganye, jini ja mai haske da 'yan kumfa a kai. "Huhu ɗaya," ta ce a hankali. Ba sai ta ƙara ba, shi ya koya mata. Mai huhu ɗaya ba ya faɗuwa, tafiya yake yi, ya kwanta ya tashi, kwana biyu, kwana huɗu, wani lokaci mako.

Sun sami makwancinsa biyu, jini ya jiƙe ganye a gefe ɗaya. Wajen ƙarfe uku suka fito bakin kogi, Tansy ta tsaya tana kuka tana jan igiya. A tsallake suka hango shi. Yana tsaye a bakin fadama, baya a ƙobare, kai a ƙasa, baki a buɗe, duk numfashin da ya ja sai jikinsa ya girgiza. Ya ɗago ya dube su da tsagaggen kunnen nan nasa, bai ko gudu ba. Ya juya a hankali ya shige cikin ciyawar fadama. A lokacin ne ruwan da Corinne ta yi wa ba'a ya sauko da gaske, mai sanyi, gauraye da ƙanƙara.

Washegari suka zagaya ta gada, suka nemi izinin mai gonar, suka wuni cikin laka har gwiwa. Ruwa ya wanke komai. Tansy ta yi ta zagaye har ta gaji ta zauna tana kallonsu. Ko gashi ɗaya ba su samu ba.

La'asar lis suka dawo gida. Bakan yana kujerar gaban a-kori-kura inda ya bar shi. Corinne ta buɗe ƙofa ta ɗauko, ba ta nemi izini ba, ta ɗaga ta ja. Tsirkiya ta zo mata har kunci ba ta ko yamutsa fuska ba. Ta mayar a hankali.

"Nawa ne, Baba?"

"Arba'in da huɗu."

"Duane ba ya sayar da babbar lema sai ya tambaya. Me ka ce masa?"

Arlen ya kalli laka a takalminsa.

"Kai, Baba! Kai, Baba!" Muryarta ta karye. "Ni arba'in da biyar nake ja. Bara da kafaffe mai baki biyu na harbi tawa, ta ratsa ta har ta kafe a ƙasa, ko yadi hamsin ba ta yi ba. Da shi ka saya, da yanzu kishimin nan yana rataye a sito muna gardamar wa zai ci hanta. Kafaɗarka ba ta hana ka komai ba. Shekara goma gare ka nan gaba, ko fi!"

Wannan maganar ta fi masa zagi ciwo, don gaskiya ce. Ya karɓi bakan daga hannunta ya nufi sito. Ta biyo shi.

"Ina za ka? Tsaya mana. Babu wanda ya sani sai ni da karya, ita kuwa ba ta magana. Gobe in kai wa Duane bakan in ce nawa ne, ya daidaita. Ka ji? Kowa yana ɓatar da dabba sau ɗaya, ni nake bin jinin, na sani."

"Doka ce."

"Dokar wa? Wa ya saukar da ita?"

Bakan Casimir yana nan a jikin ginshiƙi, na katako, ƙura ta mai da shi fari, tsirkiyar ta tsinke tun tuni. Arlen ya jingine nasa, ya ɗauko guduma da ƙusa.

"Ina tsaye a bakin ƙofar nan ranar," in ji Corinne daga bayansa. "Shekarata tara. Kaka ya dawo ya ce hannunsa ne ya yi rawa. Babu wanda ya gani, da ya ce reshe ne ya kauce da kibiya, da ka yarda. Ya faɗa maka gaskiya, ka ƙwace masa baka. To wa zai ƙara faɗin gaskiya a gidan nan? Kai kanka ka kasa."

Arlen ya tsaya da guduma a hannu. Shekara talatin da biyu yana ba da labarin nan, bai taɓa jin sa ta wannan gefen ba. Ya tuna ƙeyar tsohon a bakin taga, da yadda duk ranar da Arlen ya dawo da nama tsohon yakan fito ya shafa wuyan dabbar ya ce, "Harbi mai kyau, ɗana," ya koma ciki. Ya so ya yi kuka ya kasa.

Ya dafa ƙusar da hannun hagu a gefen ta mahaifinsa, ya ɗaga guduma. Ginshiƙin dogo ne, ƙusar farko sama da kansa ya buga ta, lokacin yana da kafaɗa. Hannun ya zo daidai kunne ya tsaya. Ya cije ya ƙara ɗagawa, zafi ya tsarga, guduma ta suɓuce ta faɗi a kan siminti. Ya ɗauka ya sake gwadawa, ta sake faɗuwa.

"Corinne," ya ce, bai juyo ba. "Zo ki buga mini."

"Wallahi ba zan buga ba, Baba. Ni ba zan yi maka abin da ka yi masa ba."

Ya ji takunta tana fita, ya ji ta kira karya, ya ji an rufe ƙofar mota, amma ba a ta da inji ba. Jiransa take ya fito da bakan a hannu, ya sani. Ruwa ya ci gaba da dukan kwanon sito, can cikin fadama kuma wani abu yana jan numfashi da huhu ɗaya, da inci huɗu na kibiyarsa a jiki.

Arlen ya ajiye ƙusar a kan benci. Ya ɗauki bakansa da hannun hagu, ya yi ɗage, ya rataye shi a kan ƙusar mahaifinsa. Tsohuwar ƙusar ta ɗan lanƙwasa, ƙura ta zubo masa a fuska, amma ta ɗauke su duka biyun.